Yana a Idon Mai Maganin Ido

Mahaifina, Shankunni Vaidyar, ya tsufa yana leƙa idon mutane, nasa kuwa ba a haifi wanda zai leƙa ba. Daga ƙauyukan bakin kogin Nila har cikin Ottappalam, duk wanda idonsa ya yi ja, ko yake zubar da hawaye, ko ya fara gani dishi-dishi, barandarmu ake nuna masa. Ni ce Vilasini, 'yarsa ta fari. Tun da mijina ya rasu na dawo gida, ni ce mai daka magani, ni ce mai tace man shanu, ni ce kuma mai shan faɗa.

Babban aikinsa shi ne jiƙa ido. Ana kwaɓa garin baƙin wake ya yi tauri, a kwantar da mutum rigingine, a gina masa 'yar katanga da kullun kewaye da kowane ido, sannan a zuba man shanu mai ɗumi da aka dafa da magani har ya shanye gashin ido. Mutum ya yi ta buɗewa yana rufewa a cikin man. Akwai ruwan tirifala, jiƙon 'ya'yan itatuwa uku, na wankin ido, akwai kwallin da yake haɗawa da hannunsa. Kuma a faɗi gaskiya, tsohon bai taɓa cin amanar kowa ba. In yanar ido ta rufe ƙwayar ta yi fari fat, ba ya ɓoye-ɓoye.

"Wannan ta nuna," zai ce. "Man shanu ciyar da ido yake yi, ba ya yaye labule. Ku tafi birni a cire, kada ku bari ta lalace a ciki."

Ya sha gaya mini cewa yanar da ta wuce nuna kumbura ido take yi, ya yi tauri, ya yi ciwo, daga nan ko wuƙar wa aka kawo aikin gama ya gama. Na ji wannan magana a bakinsa har na haddace ta ba da niyya ba.

To, wanzami dai ba ya son jarfa.

Tun waccan daminar na lura ya daina gaida mutum sai mutumin ya fara magana. Wata rana ya zuba wa wani manomi man shanu a kunne, ya kuma yi masa faɗa wai shi ya motsa. Daga ranar na karɓi cokalin, muka ce wa mutane hannunsa ne ke rawa. Shi ma ya yarda a ce hannunsa na rawa, har yakan ɗan karkaɗa shi a gaban baƙi don a gani. Ni abin haushi yake ba ni, wani lokaci kuma tausayi, wani lokaci duka biyun a haɗe.

Shi ma ina jiƙa masa ido, amma a ɓoye, a bayan kicin kusa da rijiya, da sassafe kafin marasa lafiya su fara zuwa. Ba a wannan aiki ranar hadari ko ranar da gari ya yi lumshi, don haka kullum sai ya tambaye ni. Mole yake ce mini, wato 'yata, ni kuma in ce masa Acha, wato baba.

"Mole, yaya sama take?"

"Acha, ka ɗaga kai ka duba mana."

"Wuyana ke ciwo."

Wannan fa mutumin da a da zai kalli sama ya ce a kwashe shanya, a yi masa dariya, ruwa kuma ya sauko. In na gina masa katangar kullu na sunkuya kansa, ba yadda za a yi in ƙi ganin abin da ke ciki. Ƙwayar dama ta yi fari kamar tsokar kwakwa. Ta hagu da sauranta, amma ita ma ta kama hanya. Sau ɗaya na yi ƙarfin hali na ce, "Acha, ta daman nan fa..." Bai bari na ƙarasa ba.

"Gajiya ce. Ko yanzu kin fi ni sani?"

A gidan masu magani irin namu, mai magani ba ya duba kansa, ɗa kuma ba ya yanke wa ubansa hukunci. Malaminsa ne kaɗai ya isa, shi kuwa an ƙone gawarsa tun ina goye. Wani mai maganin daban? Acha ya ce duk na yankin nan ko tuya man shanu ba su iya ba. Sai aka wayi gari duk faɗin ƙasar nan mutum ɗaya ne ba shi da mai duba masa ido.

Da zafin watan Meenam ya kankama, idon daman ya yi ja. Ya riƙa ɗaure kai da tawul, ya daina cin abincin kirki, wata safiya har na ji shi yana amai a gindin ayaba. Ya ce zafin gari ne. Daga nan zama ya gagare ni. In share tsakar gida, in dawo in sake share inda na share. In ɗora wainar shinkafa, in fita bakin ƙofa ban san me na je nema ba, in dawo ta ƙone. In ɗauki waya in ajiye. Na san abin da ke faruwa a idon nan, shi ya koya mini, kuma na san kowace rana da ta faɗi da wani abu take tafiya. Abin da nake tsoro shi ne ta hagun ma ta bi 'yar'uwarta, ya zauna cikin duhu sauran kwanakinsa.

Ƙanena Sethu yana Maskat yana gyaran na'urar sanyaya ɗaki. Chechi yake ce mini, wato yaya, kuma shi daga nesa komai mai sauƙi ne.

"Chechi, ki sa shi a mota kawai!"

"Buhun shinkafa ne da zan sa shi a mota? Ka zo ka sa shi da kanka, mai baki."

Ya kuwa zo, ana saura kwana kaɗan Vishu, bikin sabuwar shekararmu, da turare da dabino da tumbinsa sabo.

Tun da mahaifiyarmu ta rasu ni ke haɗa kani, abin da kowa zai fara buɗe ido a kansa da asubar Vishu, tunda yadda ka fara gani haka shekararka za ta kasance. Tasar tagulla, ɗanyar shinkafa, gurji mai ruwan zinari, mangwaro, kwakwa a fashe, sabon zane, madubi, fitila, siffar abin bautarmu Krishna a tsakiya. Sai furen konna a lulluɓe komai da shi. In babu konna, kani bai cika ba, kowa ya san wannan.

Bana kuwa itatuwan sun yi gaggawa, sun yi fure tun kafin lokaci, sauran da ya rage kuma ruwa da iska suka sauko ana jibi biki suka kakkaɓe shi tas. Ranar jajibere na fita nema. Na je gidan maƙwabciyarmu Devaki, itacenta tsirara. Na bi hanyar haikali, wasu sun riga ni, har rassan sun karya. Na gangara bakin kogi, na hau ta bayan makaranta, na tsallaka gonar roba, ƙafata duk taɓo, ba abin da na samu sai ruɓaɓɓen fure manne da ƙasa. Ina tafe ina tunanin fure, tunanin ya koma ido, ya dawo fure, har na rasa wanne ne ke kora ta a titi da tsakar rana.

A mararraba Alavi mai shayi ya hango ni. Abokin Acha ne tun suna yara, Ikka muke ce masa, wato babban yaya. Shi ma yanar ta taɓa rufe masa ido, Acha ne ya duba ya kore shi birni, aka cire aka sa masa 'yar ƙwaya ta roba. Tun daga nan ba ya ajiye jarida, da ƙarfi yake karantawa ko ba mai saurare.

"Vilasini! Wannan sauri kamar an biyo ki? Zo ki sha shayi."

"Ikka, ina zan sami konna? Ba inda ban zaga ba."

"Ruwa ya riga ki. Ga na roba can shagon Pappan, ko akuya ba za ta gane ba sai ta tauna."

"Roba a gaban Krishna? Kai ma dai, Ikka."

"To me? Ni roba ce a cikin idona, ga shi har tallan neman aure nake karantawa." 'Yan benci suka kwashe da dariya. "Ya tsohon naki? Ran nan ya wuce ta nan, ya tsaya gaban turken lantarki ya ce, Alavi, ka rame!"

Dariyar ta ƙaru. Na juya zan tafi, sai ya biyo ni har bakin kwata yana goge hannu, ya rage murya.

"Wasa nake, amma ba wasa ba ne. Da bakinsa ya kore ni birni, har da zagi. Ki gaya masa Alavi ya ce abin da ya yi wa mutane ya yi wa kansa."

"Kai ka gaya masa mana, ba abokinka ba ne?"

"Na gaya masa. Shi ya sa ya daina shan shayina."

Na tsaya gaban shagon Pappan na kalli furen robar nan yana reto a igiya, rawaya shar, ba ko tabo. Na miƙa hannu, na janye. Na wuce, na dawo, na sake wucewa. A ƙarshe na koma gida hannu rabbana, da niyyar in gaya wa Acha bana sai haƙuri.

Ban samu na faɗa ba, don Sethu ya riga ni buɗe baki muna cin abincin yamma.

"Acha, na yi magana da wani asibitin ido a Thrissur. Bayan biki za mu je su ɗan duba ka."

Acha ya ci gaba da cakuɗa shinkafarsa. "Su duba me?"

"Idon mana. Kowa ya sani, Acha. Har a mararraba maganar ake."

"Kai da ke hura wa Larabawa iska, yau kai ne za ka koya mini ido? Kakanka ido ya yi, kakan kakanka ido ya yi. In na shiga motar nan, gobe wa zai kwanta a barandata? Su ce ga mai maganin da maganinsa bai yi masa ba?"

"Ai kai ma kana tura mutane!"

"Waɗanda tasu ta nuna. Tawa ba ta nuna ba. Ina ganin komai. Ina ganin ka, ina ganin tumbinka."

Ya faɗi haka yana kallon ginshiƙin da ke gefen Sethu. Ya ture ganyen abincin, ya tashi, ya bi bango zuwa ɗakinsa. Sethu ya dube ni, na dube shi. Maganar fure kuma ta bi ruwa. Na jera tasar yadda ta samu, na bar gurbin konna fayau.

Da asuba na yi wanka na kunna fitila. Na fara taso Sethu, na rufe masa ido da tafin hannuna na kawo shi gaban tasa. Ya buɗe, ya kalla, ya ɗago ya kalle ni, na girgiza masa kai. Ranar Vishu ba a kushe, ba a faɗa, ba a faɗin abin da ba shi da daɗi, don kada ya bi mutum har ƙarshen shekara. Ya haɗiye maganarsa ya ja gefe.

Sai na je wurin Acha. Yana zaune bakin gado, idonsa a rufe, yana jirana kamar kowace shekara. Na zagaya bayansa na ɗora tafukana a kan idanunsa. Na hagu taushi, kamar na kowa. Na dama kuwa zafi rau, ga tauri kamar ɗanyen goro. Gabana ya faɗi. Na jagorance shi zuwa ɗakin da tasar take.

Na zaunar da shi, na ɗauke hannu. Ya buɗe ido, hasken fitila ya sauka a fuskarsa. Ya haɗa tafukansa ya yi addu'arsa a hankali. Sannan ya gyaɗa kai, ya yi murmushi, ya faɗi abin da yake faɗa tun zamanin mahaifiyarmu.

"Kai, konna ta yi kyau bana. Dubi yadda ta cika tasa. Sannu, mole."

Sethu ya sunkuyar da kai. Ni kuwa ina ji hawaye na zubo mini, ban iya ko sharewa ba don kada awarwarona su yi ƙara.

Al'adarsa ce ya taɓa furen ya shafa a ido. Ya miƙa hannu inda konna take zama kullum, yatsunsa suka sauka kan shinkafa. Ya matsa gefe, gurji. Ya lalubi bakin tasar ya zagaye shi kaf, ya taɓa kwakwa, ya taɓa madubi, ya dawo kan shinkafa. Hannun ya tsaya a nan. Ranar wanka dai ba a ɓoyon cibi.

"Babu fure," ya ce.

"Babu, Acha. Ruwan shekaranjiya ya kakkaɓe. Na nema har bakin kogi."

Ya janye hannunsa. A waje yaran maƙwabta sun fara fasa 'yan tartsatsinsu na biki.

"Fitilar kaɗai nake gani," ya ce. "Ita ma da hagu, kamar ta bayan zane. Ta dama ta ɗauke tun kafin Sethu ya zo."

Sethu ya yi zumbur ya miƙe. "Bari in kira tasi. Suna karɓar na gaggawa ko ranar hutu."

"Zauna. Yau Vishu. Wanda ya taka asibiti yau, shekararsa a asibiti za ta ƙare. Gobe."

"Acha..."

"Na ce gobe. Ko jibi, in an ga rana mai kyau."

Nan fa abin da na daɗe ina dannewa ya ɓalle. Na san ranar da ake ciki, na san a gaban wa nake tsaye, amma bakina ya riga ni.

"Rana mai kyau! Wace rana mai kyau? Yau sama ta yi lumshi, gobe wuya na ciwo, jibi zafin gari ne! Ni na taɓa idon nan yanzu da hannuna, Acha, dutse ne! Kai ka koya mini abin da hakan ke nufi. Da wani ne ya zo barandarka da ido irin wannan, da ka bar shi ya ci biki? Da ka zage shi, ka zagi 'ya'yansa da suka zuba masa ido, ka ce ko takalmi kada ya tsaya nema!"

"Chechi, yau fa..." in ji Sethu.

"Rufe mini baki, kai da ka zo jiya! In faɗan yau zai bi ni shekara, ya bi ni, na ɗauka. Ni dai ba zan ja makaho zuwa gaban tasar nan baɗi ba, alhali da sauran ido ɗaya yau!"

Muryata ta cika ɗakin har harshen fitila ya kaɗa. Tunda nake ban taɓa ɗaga wa Acha murya ba, kuma na zaɓi ranar da ta fi kowace muni na yi. Na tsaya ina jiran ya kore ni daga gidansa.

Bai kore ni ba. Ya shafa gwiwarsa, ya ja dogon numfashi.

"Bakin uwarki sak," ya ce. "Ɗauko mini farin zanena mai bakin zinari. In za a gan ni a hanya, a gan ni da kyau."

A mota ma zama bai zaunu ba. Direba na bin hanya a hankali saboda masu zuwa haikali, ni ina ta leƙa gaba kamar leƙen zai rage nisa. Sethu na ta buga waya. Acha kaɗai ya zauna ɗam, tawul a kai, hannu biyu a kan gwiwa. Da muka zo mararraba na ga Alavi ya fito da butar shayi a hannu ya bi motar da kallo, bai ɗaga hannu ba, bai kuma yi dariya ba. Ban gaya wa Acha ba.

Likitar da muka tarar yarinya ce, ba ta kai Sethu ba, da alama ita ma daga gaban tasar gidansu aka taso ta, don da sabon zane a ƙarƙashin farar rigarta. Ta sa ya ɗora haɓa a kan na'ura, ta haska wannan, ta haska wancan, ta auna, ta sake aunawa. Acha ya bi duk abin da ta ce ba musu, shi da bai taɓa bin umarnin kowa ba. Da ta gama sai ta tura kujerarta baya.

"Ta hagu za mu cire yanar, zai gani da ita. Kun zo a gaɓa, da kun ƙara jinkiri ban san me zan ce muku ba." Ta nuna ɗaya idon. "Ta dama kuwa jijiyar ta riga ta mutu. Sai dai mu sauke masa ciwon."

Sethu ya dafa bango. Ni na san haka za ta ce tun da asuba, amma jin sa a bakin wani daban ne.

Likitar ta juyo kaina, ranta a ɓace.

"Chechi, wannan ba ciwon jiya ba ne. Watanni ya yi yana cin sa, kuna kallo. Dattijo kamar wannan! Duk garinku babu ko mutum ɗaya da ya san ido, da zai duba ya ce muku ku taho?"

Na buɗe baki zan ce laifina ne, don a daina maganar a gabansa. Acha ya laluba ya kama hannuna ya matse. Ya gyara zaman zanensa a kafaɗa, ya juya fuskarsa inda muryarta take.

"Akwai, mole," ya ce. "Ni ne."